Takardar alƙali a hannuna, gini kuma yana tashi

Ni haifaffen Birni ne a nan Damagaram, can bayan fadar Sarki, inda lunguna suke matsewa har mai ga-ruwa sai ya karkata kurarsa kafin ya wuce. Gidanmu na ƙasa ne, kakanmu ya gina shi. Mu bakwai ne wajen Babanmu, ni ne babba a maza. Na daɗe ina ɗauke da wannan labari a cikina, amma kwanan baya na ga wani matashi a ƙofar kotu yana ɗaga wata takarda sama yana murna kamar yadda na taɓa yi, sai na ga bai kamata in ci gaba da yin shiru ba.

Kakanmu ya bar gona a bayan gari. Tun yana raye ya raba ta tsakanin Baba da ƙanensa, wato Baffanmu, a gaban dattawa uku. Ba a rubuta komai ba. Iyakar ita ce wata aduwa da jerin gamba da aka shuka daga gindinta zuwa hanya. A wannan gona na koyi riƙe hauya, a nan na fara cin ɗanyen wake har cikina ya kumbura. Baffa kuwa ba baƙo ba ne a rayuwata. A bayan kekensa nake zuwa lekol shekara biyu cur. Ranar da na ci jarrabawar shiga kwaleji shi ya yanka zakara, kuma da na tashi aure rabin sadakin daga aljihunsa ya fito. Ina faɗin wannan ne don a gane cewa wanda na kai kotu ba maƙiyi ba ne, uba ne.

Gari ya yi ta tafiya har ya cim ma gonar. Aka buɗe jami'a, matatar mai ta SORAZ ta fara aiki a 2011, ma'aikata da ƴan kasuwa suka yi ta neman inda za su gina, wurin da a da sai kurciya da makiyaya ya zama abin da ake ciniki da miliyoyi. Baba ya rasu a 2015 bayan doguwar jinya. Bayan shekara biyu aka yi lotisma a wajen, aka yanka gonaki parsel-parsel, aka dasa duwatsun iyaka, aduwa da gamba suka tafi. Kamar yadda aka saba, masu gonaki an ba su wani kaso na filayen. Danginmu suka samu biyar. A lissafin da kowa ya sani a gida, biyu na ɓangaren Baba ne, uku na Baffa, domin tasa gonar ta ɗan fi faɗi. Ni a lokacin mushe ne, wato malamin makaranta, ɗan kwantaragi a wani ƙauye ta hanyar Tanut, sai ƙarshen wata nake shigowa gari. Baffa ne babba, shi ya karɓi takardun duka biyar ya ajiye. Ban ga laifin haka ba. Wa zai tambayi ubansa rasiti?

Innarmu buri ɗaya take da shi game da filayen nan. Ɗakinta na Birni yoyo yake yi kowace damina, duk yaɓen da za a yi. Da hadari ya haɗu za ta jera kwanoni a ƙasa, ɗaya a kan gado, ta zauna a kusurwa da carbi har ruwa ya ɗauke. Takan ce mini: "Ɗan nan, ni dai kafin in bi Malam ina so in kwana damina ɗaya ban tashi tarar ruwa ba." Ba ta taɓa kiran sunana ba saboda ni ɗan fari ne. Na yi mata alkawari. Ina ta tara jika biyar, jika goma daga albashin da ba ya zuwa a kan lokaci.

A watan Disamba na 2018 ƙanena ya kira ni ina cikin aji. Ya ce an haƙa harsashin gini a ɗaya daga cikin filayenmu, wanda ke bakin babbar hanya. Na hau babur a ranar. Na tarar da Baffa tsaye a wurin yana nuna wa leburori inda za su zuba yashi. Na durƙusa na gaishe shi, na tambaya. Bai kalle ni ba. Ya ce shekarun da Baba ya yi kwance shi ya nome gonar, shi ya sayi magani, don haka ba mu da abin da za mu nema. Maganar ta soke ni, domin na san awakin Inna da aka sayar ɗaya bayan ɗaya a wannan jinya.

Muka je wurin mai unguwa, aka zauna sau biyu, ba a daidaita ba. Aka wuce fada. A ƙasarmu rigimar gona da ta gado bisa al'ada ana fara kai ta gaban sarakuna su gwada sulhu, in ya yiwu a rubuta, in bai yiwu ba a ba da takardar rashin sulhu a tafi kotu. An yi mana nasiha sosai a fada, an tuna mana zumunci. Baffa ya ƙi buɗe baki ya faɗi komai ban da abin da ya faɗa mini, ni kuma na ƙi sassautawa. Aka ba mu takarda.

A daren da za a wayi gari in shigar da ƙara, Gwaggo ta kira ni ɗakinta. Ta rage murya ta ce: "Ka bincika kafin ka tafi. Na ji ƙishin-ƙishin akwai kuɗin wani Alhaji a wurin nan. Ina Baffanku ya ga kuɗin siminti?" Na ce mata to. Ban bincika ba. Yau in na tambayi kaina dalili, amsar ba ta da daɗi. Ba fili nake nema a lokacin ba kamar yadda nake neman in ga Baffa tsaye gaban alƙali yana amsa tambaya. Zuciyata ta riga ta zaɓi abokin gabarta, ba ta son a kawo mata wani suna. Wannan "to" da na ce wa Gwaggo ita ce ta fi komai tsada a duk shari'ar.

Wani mai rubuta wa mutane takardu a bakin kotu ya rubuta mini ƙara biyu. Ta farko babbar shari'a ce, a tabbatar filayen biyu na magadan Baba ne. Ta biyu ita ce ta gaggawa da ake kira refere, wadda ake roƙon alƙali ya ɗauki matakin wucin gadi kafin a yanke babbar magana, don kada ɓarna ta auku ana jira. Alƙalin gaggawa ba ya cewa fili na wane ne. Abin da yake yi shi ne ya tsayar da abubuwa inda suke. Mai rubutun ya tambaye ni: "Wa kake ƙara?" Na ba shi suna ɗaya.

A watan Fabrairu na 2019 aka saurare mu, cikin kwanaki kaɗan umarni ya fito: Baffa da duk mai aiki ta hannunsa su dakatar da gini a filin har a yanke babbar shari'a. Mai isar da takardun kotu, wanda muke kira wisiye, ya kai wa Baffa har gida ya sa hannu. Ranar nan ban taka ƙasa ba. Na yi hoton takardar guda goma, na sa aka lulluɓe ta asali da leda. Na karanta wa Inna ina fassara mata daga Faransanci layi-layi. Ta saurara har na gama, sannan ta ce: "Allah ya sa alheri. Ka dai ci gaba da gaishe shi."

Aiki ya tsaya kwana tara. A na goma ƙanena ya sake kira. Motar yashi ta sauke, magina sun dawo, kuma sun fi na da yawa.

Na iso da takardata a hannu ina huci. Baffa ba ya wurin. Wani dattijo ne fari siriri zaune a kan buhunan siminti, da hula zanna da carbi, yana lissafi a waya. Na miƙa masa takardar na ce alƙali ya hana. Ya karɓa da hannu biyu, ya juya ta, ya maido mini. Ya ce: "Mushe, ni ban yi lekol ba. Karanta mini inda sunana yake." Na ce ai an rubuta duk mai aiki ta hannun Baffa. Ya ce: "Ni ba yaron Baffanka ba ne, ba kuma aikinsa nake yi ba. Wurina nake ginawa." Ya zaro takarda daga aljihun gaba. Takardar ciniki ce da shaidu, da kwanan wata: Yuni 2018. Wata shida kafin a haƙa harsashi, wata bakwai kafin in shigar da ƙara. Ashe tsayuwar da na ga Baffa yana yi a wurin, Alhajin ne ya roƙe shi ya duba masa aiki lokacin da ya yi tafiya Kano da wake. Da umarni ya zo Baffa ya janye hannunsa kamar yadda aka ce masa. Mai wuri ya dawo ya ɗauko nasa magina.

Na ruga wurin wisiye. Ya karanta takardar cinikin da na ɗauko hotonta a waya, ya girgiza kai. Ya ce zai iya zuwa ya rubuta abin da idonsa ya gani, tsawon gini da yawan ma'aikata, wannan zai yi mini amfani gaba. Amma ba zai iya tilasta wa mutumin da ba a kira shi shari'a ba da umarnin da aka bayar kan wani. Na wuce komisariya, wato ofishin ƴan sanda. Suka ce wannan rigimar fili ce tana gaban alƙali, su ba sa shiga sai an nemi rakiyarsu ta hanyar da doka ta tsara. A raina na ce duk an saye su. Na faɗi haka a majalisarmu ta shan shayi, na faɗa a gida, na faɗa wa duk wanda ya tsaya saurare. Ba gaskiya ba ne. Babu wanda ya karɓi ko dala. Ina neman gafarar Allah a kan wannan zargi.

Mako uku ina zuwa ina tsayawa daga nesa ina ƙirga layin bulo. Wanda bai taɓa gani ba ba zai san yadda abin yake ci ba: kana riƙe da hatimin hukuma, kana kallon bango yana tashi a kan alkawarin da ka yi wa mahaifiyarka. Barci ya ƙaurace mini. Na bar ɗalibaina a hannun abokin aiki, yara sittin da wani abu ƴan ajin jarrabawa. Wata Alhamis, ranar da gari ya tafi kasuwar Dole, na je na tarar da leburori uku kawai da magini ɗaya. Ban san lokacin da na sa ƙafa na ture layin da aka ɗora da safe ba. Wani yaro lebura, bai fi shekara sha bakwai ba, ya riƙe mini riga yana cewa "Mushe, don Allah, aikinmu ne." Na hankaɗe shi. Ya faɗi, bulo ya biyo shi ya sauka a kan ƙafarsa. Ƙarar da ya yi har yau tana kunnena.

A komisariyar da na ce an saye na kwana. Takardar alƙali tana aljihuna, ba ta hana a rufe ni ba, domin ba ta taɓa ba ni izinin taɓa bangon kowa ba. Da safe Inna ta zo da fura a kwano, tana tafiya tana dafa bango. Ba ta yi mini faɗa ba. Ta ajiye kwanon ta ce: "Malam bai taɓa kwana a nan ba." Wanda ya sa aka sake ni Alhajin ne. Ya ce shi ya yafe bangon, in dai zan ɗauki jinyar yaron. Yatsu biyu suka karye. Kuɗin da na tara na ɗakin Inna, daga cikinsu aka biya asibiti da mai ɗori.

Bayan kwana biyu wani aminin Baba ya aiko a kira ni. Tsohon magatakardan kotu ne da ya yi ritaya, yana zaune a Zango. Na same shi a zaure. Ya sa tabarau ya karanta umarnin tun daga sama har ƙasa, ya karanta takardar cinikin, ya ɗora yatsa a kan kwanan watan kowacce. Sannan ya ce: "Ɗana, da wani zai je gaban alƙali yau, ba ka nan, ba a kira ka ba, ya karɓo takardar da za ta hana ka shiga ɗakinka, za ka yarda?" Na ce a'a. Ya ce: "To abin da ya kare Alhajin nan shi ne yake kare ka."

Ya yi mini bayani a hankali, kamar yadda nake yi wa ƴan aji ɗaya. Hukuncin shari'ar dukiya, na wucin gadi ne ko na ƙarshe, yana ɗaure waɗanda suka yi shari'ar ne, waɗanda aka kira aka ba su damar magana. Yana bin magadansu in sun mutu. Yana bin wanda ke wurin da izininsu, kamar maginin da suka ɗauka ko mai gadin da suka zaunar, domin waɗannan ba su da wani haƙƙi na kansu, a inuwar mai gidansu suke tsaye. Da magina na Baffa ne, laifin ci gaba da aiki a kansa zai hau. Haka kuma da Alhajin ya saya ne bayan an yanke hukunci a kan Baffa, to ya sayi wuri da hukuncinsa, domin mai sayarwa ba ya ba ka fiye da abin da yake da shi. Amma mutumin da ya riga ya saya kafin a buɗe shari'a, yana riƙe da takardarsa, yana cewa nawa ne, wannan Baffa ba ya wakiltarsa a gaban alƙali. Sai an kira shi da sunansa. Har ma doka ta ba irinsa hanya ta musamman: in hukuncin da aka yi ba ya nan ya taɓa haƙƙinsa, yana iya zuwa ya ƙalubalance shi a matsayin wanda ke wajen shari'a.

Na ce to ai cinikin ɓatacce ne, Baffa ya sayar da abin da ba nasa ba. Ya ce: "Mai yiwuwa. Amma wa ya faɗa? Kai ka faɗa. Alƙali bai faɗa ba tukuna, kuma ba zai faɗa ba sai ya ji mai saye." Ya tuna mini wasiyyar da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya yi wa Sayyidina Aliyu da zai tura shi Yaman, cewa in masu husuma biyu suka zauna gabansa kada ya yi hukunci sai ya ji daga na biyu kamar yadda ya ji daga na farko. Ya ce wannan ba dokar Nasara ba ce kawai, tamu ce tun asali. Daga nan ya tambaye ni abin da nake tsoro: "Ba wanda ya taɓa gaya maka akwai mai saye?" Na sunkuyar da kai.

Ya ce da na zo wurinsa ranar da na ga takardar cinikin, da a makon nan an kira Alhajin gaban alƙalin gaggawa. Hanya a buɗe take tun farko, ƴar gajeruwa. Ni ne na tsaya ina ƙirga bulo ina zagin mutane.

Lauyoyi a ƙasar nan yawancinsu suna Yamai, kusan kilomita 900 daga nan, kuma kuɗinsu ya fi ƙarfin ɗan kwantaragi. Dattijon ya tura ni ofishin ANAJJ, hukumar da aka kafa a 2011 don taimaka wa talaka da shawarar shari'a. A nan aka duba mini takardu ba tare da na biya komai ba, aka nuna mini yadda zan shigo da Alhajin cikin babbar shari'a, in kuma sake neman umarnin gaggawa da sunansa. Aka kuma tambaye ni abin da ban taɓa tunani ba: ina labarin fili na biyu? Ina can ina kallon bango ɗaya, na manta akwai wani wurin da takardarsa take hannun Baffa. Ta hannun wisiye aka kai sanarwa a rubuce ofishin da ake canza sunan mai fili cewa akwai shari'a a kan wurin. Na biyun da Allah ya tsare mana ke nan.

A watan Mayu aka saurare mu karo na biyu, wannan karon mu uku. Alhajin ya yi magana da kansa. Ya ce ya biya kuɗinsa a gaban shaidu, an nuna masa takarda, dattijon gida ne ya sayar masa, iyalinsa goma sha ɗaya suna gidan haya. Alƙali ya ji kowa, ya ba da umarni kowa ya tsaya, har da tarar da za a biya a kan kowace rana in an saɓa. A ranar da wisiye ya kai masa takarda, a ranar ya sallami magina. Ko bulo ɗaya bai ƙara ba. Mutumin da na ɗauka mai taurin kai ne, ashe sunansa kawai yake jira ya gani. Sai dai a lokacin gini ya kai linta, ɗaki huɗu da zaure.

Na zaci zan ji daɗi. Damina ta sauka, na bi ta wurin wata rana, na ga buhunan simintinsa da aka rufe da tamfol iska ta yaye, ruwa ya shiga, sun daskare sun zama duwatsu. Na ƙirga fiye da hamsin. Na tsaya ina kallo, na rasa wa na ci.

Babbar shari'a ta ja. Hausawa sun ce shari'a mace ce mai ciki, ba a san abin da za ta haifa ba, tamu kuwa har watanninta ba a iya ƙirgawa. Magana ce ta gado da gonar da ba ta da takarda tun asali, don haka alƙali yana zama da masu ba shi shawara kan al'ada, kuma komai ya rataya a kan shaidu. Cikin dattawa uku da suka ga rabon kakanmu, ɗaya ya riga Baba rasuwa, ɗaya ya rasu ana cikin shari'ar, na ukun yana Mirya ba ya iya tafiya. A ɗaga, a sake ɗagawa. Gidanmu na Birni ya rabu biyu, ƙofa ɗaya muke shiga da iyalin Baffa amma yara sun daina cin abinci tare. Daminar 2020 ta zo da ruwa mai yawa, Inna ta ƙara kwanoni. A ƙarshen shekarar hawan jini ya kayar da ita, ɓarin jikinta na dama ya shanye. Ta yi wata bakwai a kwance a ɗakin nan. Ta rasu a 2021, ana saura kwanaki kaɗan ruwan farko ya sauka.

Baffa yana cikin waɗanda suka ɗauki makara. Ban hana shi ba, ban kuma kalle shi ba.

Bayan sadakar arba'in Gwaggo ta tara mu a ɗakinta, ta rufe ƙofa, ta ce wa Baffa: "Ko ka faɗa ko in faɗa." Ya daɗe shiru. Sannan dattijon nan da ban taɓa ganin hawayensa ba ya fashe da kuka. Ɗansa na biyu da aka ce mana yana aikin gini a Libiya, ashe a 2018 a gidan bashi yake. Ana dukansa ana kiran uban a waya yana ji. Aka ba shi kwanaki ya kawo kuɗi. Filayensa uku suna can ciki, ba mai saye da sauri. Namu na bakin hanya ne kawai aka taya a take. Ya sayar da niyyar zai maye mana da nasa, kunya ta hana shi faɗa, da na tsaya gabansa ina tambaya sai kunyar ta juye ta zama faɗa. Na ce: "Baffa, da ka gaya mana, wallahi Inna da kanta za ta ce a sayar." Ya ce: "Na sani. Shi ya sa na kasa."

Ban ce abin da ya yi daidai ne ba, har yau ban ce ba. Dukiyar marayu ce ya taɓa, akwai ƙannena mata da ba su da kowa. Amma na san da na bi maganar Gwaggo a daren nan na nemi Alhajin, da cinikin ya fito fili tun kafin a ɗora bulo na farko, da wataƙila dalilin ma ya fito, Inna tana da rai.

A 2022 muka yi sulhu. Alhajin ya riƙe wurin da ya gina. Baffa ya ba mu ɗaya daga cikin nasa a madadin, ya miƙo takardar na biyun. Da za a rubuta, tsohon magatakardan nan ya ce kada a kuskura a rubuta "magadan wane" a dunƙule a wuce. Ya sa aka jera sunan kowa, mu bakwai, da Baffa, da Alhajin. Ƙanwata da ke aure a Kano sai da ta aiko da takardar wakilci. Wani ƙanena ya yi ƙorafin ana ɓata lokaci, na ce masa a bari, ni na san abin da sunan da ba a rubuta ba yake jawowa. Aka kai gaban alƙali ya tabbatar, aka rufe shari'a.

Mun sayar da wanda Baffa ya ba mu, aka raba wa kowa gadonsa, ni da ƙannena biyu muka haɗa namu muka gina ɗaki biyu a fili na biyu. Bango ɗaya ya raba mu da Alhajin. In famfo ya ɗauke, kamar yadda ya saba yi mana a Damagaram, daga tankinsa yarana suke ɗebo ruwa. Maginin da ya yi mana aikin shi ne yaron nan lebura, ya girma ya zama mai kansa. Ni na neme shi. Yana ɗan ɗingishi in ya gaji, bai taɓa tayar mini da maganar ba, ni kuma kullum sai idona ya kai kan ƙafar.

Mun tare a daminar 2024, wadda ta rushe tsohon masallacin Birni, ta kuma tafi da ɗakin Inna a mako guda. Ƙanwata ta tono kwanonin daga cikin ƙasa ta wanke ta kawo mini. A daren farko da aka yi ruwa muna sabon gida, na farka cikin duhu na sauko daga gado, na ɗauko kwano biyu ina lalube ina neman inda yake ɗiga. Matata ta kunna fitila ta ce: "Malam, lafiya?" Na duba sama. Rufi a bushe yake. Na zauna a bakin gado da kwanonin a hannu har aka kira asuba.